Gidan Leighton a Landan: abin da idon magini ya gani

In Allah Ya kai ka Landan, kuma abincinka a harkar gini yake, ko magini ne kai, ko mai ɗora karo (wato tayil), ko mai shago a kasuwar Katako ta Yamai, ka ware rabin wuni ka je gida mai lamba 12 a titin Holland Park, unguwar Kensington. Gidan Leighton ake ce masa, yanzu gidan tarihi ne da ake biya a shiga. Kuɗin tike lokacin da na je, in an juya shi zuwa namu na sefa, ya kai wajen jaka goma, kuma ni ban yi kukan kuɗina ba. Sai dai akwai abin da ya kamata musulmi ya sani kafin ya sa ƙafa, zan zo kansa.

Ni a Tawa na koyi aiki, da kwaɓar ƙasa na fara tun kafin siminti ya cinye mu, yanzu ina riƙe da ƴan ma'aikatana a nan Yamai. Babban yarona da ke karatu can shi ya ja ni zuwa gidan, shi kuma ya yi mini tafinta, don ni ɗan Faransancin wurin aiki kawai gare ni.

Mai gidan, Frederic Leighton, mai zanen hotuna ne da fenti. An haife shi a 1830, ya mutu a 1896, wato kusan duk rayuwarsa a zamanin Sarauniya Biktoriya ya yi ta, wadda ta yi mulki daga 1837 zuwa 1901. Ɗan masu hali ne, ubansa likita, kakansa ma likita ne a fadar sarakunan Rasha, saboda haka bai san neman na cefane ba. A 1855 sarauniyar da kanta ta sayi wani zanensa, sunansa ya fita, a 1878 kuma aka naɗa shi shugaban Royal Academy, babbar majalisar masu zane ta Ingila. Bai taɓa aure ba. Wannan maganar ta aure ku riƙe ta, don ita ce ta tsara gidan duka.

Wanda ya zana masa ginin abokinsa ne, George Aitchison. An fara aiki a 1865, ya tare a 1866, daga nan aka yi ta ƙari har shekara talatin: babban zauren da suke kira na Larabawa tsakanin 1877 da 1881, ɗakin aikin hunturu a 1889 zuwa 1890, ɗakin siliki a 1894 zuwa 1895. Mu ma a nan haka muke gini, kuɗi su zo a ƙara ɗaki. Bambancin shi ne Leighton bai canja mai zane ba ko sau ɗaya, shi ya sa ba ka ganin inda tsoho ya ƙare sabo ya soma sai an nuna maka. Mu kuwa kowane ƙari da sabon magini, kowa ya zo ya zagi aikin na baya.

Daga titi ba za ka ce da wani abu a ciki ba. Jan bulo ne tsaf, da farin dutse daga Caen ta Faransa da aka zagaye tagogi da ƙofa da shi. Babu ginshiƙai a gaba, babu zanen siminti. Abin da ke tona asiri kawai ƙubba ce a gefe guda da jinjirin wata a samanta. Na daɗe tsaye ina bin layin bulon da ido, har yaron ya ce, "Baba, ku zo mu shiga, na cikin ya fi." Layin a miƙe yake, haɗin siriri, bayan shekara fiye da 150 na ruwan sama da sanyi da hayaƙin gawayi. Maginan wancan zamani da farar ƙasa suke kwaɓi, ita kuwa tana barin bango ya ɗan motsa ya fitar da laima ba tare da ya tsage ba.

Da ka shiga tsohon ɓangaren, launi ne ke fara tarbarka. Bangon wajen matakala da na ɗan zauren da ke biye an lulluɓe su da karo shuɗi mai ratsin kore, aikin wani Bature mai gasa karo, William De Morgan. Ga ɗawisu busasshe an girke shi a gindin matakala, launin wuyansa da na bangon ɗaya. Ku masu sayar da karo, abin lura a nan shi ne babu guda biyu da suka zo daidai. Wani ya fi duhu, wani ya fi haske, wani ruwan gilashin ya taru a gefensa. In a Katako ne da mai saye ya maido kwalin ya ce an cuce shi. Amma wannan saɓanin ne ke sa bangon yana motsi a ido in kana tafiya, abin da karon injin da muke shigowa da shi ba ya yi, komai tsadarsa.

Sai zauren Larabawan, wanda dominsa ake zuwa.

Ɗaki ne mai kusurwa huɗu, ba shi da faɗin da hoto ke nunawa, tsawonsa sama ne ke ba shi girma, don ya kai bene biyu kafin ƙubbar ta rufe shi. Cikin ƙubbar an shafe shi da ruwan zinariya. A tsakiyar daɓe akwai ɗan kwarmi na baƙin dutse mai sheƙi, ruwa na tsartuwa siriri yana faɗowa, kuma ƙarar ruwan nan ita ce kawai ke tashi, don duk wanda ya shigo sai ka ga ya rage murya da kansa. Sama da karon bango an ja wani zobe na ƴan gutsattsarin gilashi masu launi a kan zinariya, da barewa da tsuntsaye da rassan itace, wanda Walter Crane ya zana. Tagogin sama na farar ƙasa ne da aka huda aka cusa gilashi ja da shuɗi da rawaya. Aitchison ya ɗauko tsarin ɗakin ne daga wata fada da ake kira La Zisa a Palermo, tsibirin Sisili, ginin ƙarni na 12 da sarakuna kiristoci suka yi da hannun magina masu bin salon musulmi.

Karon bangon kuwa ba na Ingila ba ne. Mafi yawansa daga Dimashƙ ya fito, aikin ƙarni na 16 da na 17, shuɗi mai duhu da shuɗi mai haske da kore da ɗan ruwan hanta a kan fari, furanni da tuluna da rubutu. Leighton ya yi yawo a ƙasashen musulmi: Aljeriya a 1857, Turkiyya a 1867, Masar a 1868, Dimashƙ a 1873. Ya sayo wani da kansa, wani kuma abokai suka tara masa, cikinsu har da Richard Burton wanda ya taɓa zama ƙaramin jakadan Ingila a Dimashƙ, da Caspar Purdon Clarke. Da kayan suka iso ba su cika ba, wasu sun karye, wasu zanen ya rasa rabinsa. De Morgan ne ya zauna ya jera su, ya gasa sababbi ya cike gurbin da babu. Na matsa kusa ina neman inda cikon yake. Wani wuri na gane, farin ya fi tsabta, shuɗin ya fi kwanciya lumui. Wani wuri kuwa wallahi ban iya rabewa ba. Duk wanda ya taɓa neman karo guda uku da za su dace da tsohon daɓen wani gida ya san wannan ba ƙaramin aiki ba ne.

To ga maganar da na ce zan zo kanta. Bisa ƙofar zauren akwai dogon rubutu a kan karo, fari a kan shuɗi. Yaron bai kai ga karanta mini takardar bayani ba na riga shi, don ko ɗan makarantar allo zai gane: bisimilla ce da farkon Suratur Rahman, daga "Arrahman, allamal Ƙur'an" zuwa ayar tauraro da itace masu sujada. Hannun marubucin mai kyau ne ƙwarai. Amma ɗakin nan ba masallaci ba ne, ba a taɓa nufinsa da haka ba. Wurin hutawa ne da baƙin Leighton ke zama bayan cin abincin dare su sha taba su yi hira. Kuma ɗan zauren da za ka ratsa kafin ka iso, a tsakiyarsa akwai mutum-mutumin tagulla na wani saurayi tsirara, kwafin wanda aka tono a Pompeii, wani tsohon gari a Italiya. A bene ma zane-zanen mutane ne ko'ina, wasu ba sutura sosai. Ba ina cewa kada a je ba, ni na je kuma zan koma. Ina faɗa ne don kada wani ya ɗauki tsohuwarsa ko malaminsa ya kai su yana zaton gidan tarihin musulunci ne, a zo ana jin kunya.

Abin ya tsaya mini a rai ta wata fuska kuma. Kowane tsohon karo a bangon nan daga bangon wani aka ɓamɓaro shi. Wani gida ne a Dimashƙ, ko wani wurin ibada, da aka rushe ko aka sayar da kayansa ga dillalai lokacin da Turawa masu kuɗi ke nema. Yaron ya ce, "Baba, ai da an bar su can wataƙila da yaƙi ya cinye su." Na ce haka ne, mai yiwuwa, amma wanda ya ɓamɓare a shekarun 1870 ba yaƙin Siriya na bayan shekara 140 yake hange ba, kuɗi ya gani. Mun daɗe muna wannan gardama a cikin jirgin ƙasa, ba wanda ya kayar da wani. Ni abin da na sani, tsofaffin ƙofofi da akwatunan fata da kayan dawaki nawa suka bar Agadas da Damagaram ta irin wannan hanya, kuma mu ne muka sayar da hannunmu.

Akwai wani aikin da ya burge ni a ɗakin baƙi na ƙasa, wanda mutane da yawa ke wucewa ba su kula ba. Murhun ɗumama ɗaki yana ƙarƙashin taga. A ƙa'ida bututun hayaƙi sama yake miƙewa daga murhu, ka ga ba wurin taga ke nan. Su sai suka karkatar da bututun ta cikin bango ya zagaye, don mai gida ya zauna yana jin ɗumi yana kallon lambu. Ba abin da zai amfane mu da shi a Yamai, amma na ji daɗin ganin magini ya ƙi cewa ba ya yiwuwa.

A bene ne babban ɗakin aikinsa yake, dogo, da ƙatuwar taga mai duban arewa. Dalili shi ne a can rana ba ta bi ta arewa da tsakar wuni, hasken da ke shigowa ta nan ba ya canjawa daga safe zuwa yamma, launin fenti ba ya yaudarar ido. Masu tsayawa a zana su da tasu ƙofa daban da tasu matakala, ba sa bi ta inda manyan baƙi ke bi. A ɗakin nan yake tara manyan gari sau ɗaya a shekara a yi musu kiɗa. Gaba kaɗan ɗakin siliki, bango koren siliki, a ƙarshensa kuma tagar katako mai raga da aka kawo daga Alƙahira, irin wadda Larabawa ke kira mashrabiyya. In ka zauna a cikinta kana leƙen zauren Larabawa daga sama, na ƙasa ba ya ganinka.

Sannan ɗakin kwana. Guda ɗaya ne tak na mai gida a duk ginin, in ka cire na barori. Ƙarami, da ɗan gadon ƙarfe na mutum ɗaya, ba wani ado. Ba ɗakin baƙo, ba ɗakin mata, ba na yara. A ɗakin nan ya mutu ranar 25 ga Janairu 1896, kwana ɗaya bayan an tabbatar masa da sarautar Baron, kuma da yake ba magaji, sarautar ta bi shi. A Hausance, mutumin nan zaure ya gina na shekara talatin, bai gina cikin gida ba. Komai don idon mai zuwa aka yi shi. Wannan ne ma ya sa bayan mutuwarsa gidan ya ƙi sayuwa, don wane mai iyali zai sayi ƙaton gida mai ɗakin kwana ɗaya? Ƴan'uwansa mata biyu suka kai kayan ciki gwanjo a Christie's a shekarar, aka watse da su. Saboda haka ku sani, kujeru da tebura da hotunan da za ku gani ba duka ne na asali ba. Wasu an bi sawu an sayo su daga baya, wasu an ƙera irinsu ta hanyar duba tsofaffin hotunan ɗakunan. Abin da ke manne da bango ne ya tsira, shi ya sa zauren ya fi kowane ɗaki cika.

Ta wajen hidima ba ni da ƙorafi. Hukumar unguwar Kensington da Chelsea ke riƙe da gidan. An yi masa babban gyara, aka sake buɗewa a Oktoba 2022 da sabuwar mashiga, da wurin shan shayi mai duban lambu, da na'urar hawa bene, wadda mai ciwon gwiwa irina ya san darajarta. Akwai sabuwar matakala mai murɗewa da wata ƴar Iran, Shahrzad Ghaffari, ta yi wa zane tun daga ƙasa har sama. Ga idona zanen ya yi kyau amma bai kai tsohon aiki nauyi ba, wannan kuma ra'ayin tsoho ne. Masu tsaron ɗakuna suna amsa tambaya da fara'a, wata dattijuwa ta tsaya ta yi ta nuna mana gurbin ciko a karo da ta ga abin ya dame ni. Bayanin da Ingilishi yake, in ba ka ji ka tafi da mai ji. A lokacin da muka je, ranar hutunsu Talata ce, amma ka duba shafinsu na intanet kafin ka fita. Tashar jirgin ƙasa ta High Street Kensington ko ta Olympia, daga kowace ɗan tattaki ne. Ka je da safe, don zauren ƙarami ne, mutum goma sha suka shiga ba ka ƙara jin ruwan.

Yanzu ga abin da ya shafe mu a gida. Na san yadda za a yi: wani zai ga hotunan, ya kai wa magini waya ya ce ga irin falon da yake so a gidansa na unguwar Kwara Kano. An sha kawo mini irin haka. Shawarata, a bar zinariyar da karon, a dubi abubuwa uku da ke cikin ɗakin waɗanda asalinsu don ƙasar zafi aka ƙirƙiro su: rufi mai tsawo da iska mai zafi ke hawa ta bar mutane, ruwa a tsakiyar ɗaki, da taga mai raga da ke tace rana ta bar iska ta wuce. A Landan ukun nan ado ne zalla. Ragar katakon ma ba waje take duba ba, cikin gida take kallo, kuma ruwan yana tsartuwa a garin da ake hura wuta wata shida. A nan kuwa, a watan Afrilu da zafi ke haura 40 kuma iska ta bushe ƙamas, ruwa kaɗan da ke bin iska yana sauke zafin ɗaki da gaske. Mu sai muka juya, muna dasa manyan gilasai a bangon yamma, mu rufa da kwano ƙasa-ƙasa, sannan mu zauna jiran wuta ta dawo.

Kuma ba sai mun je Dimashƙ aron hannu ba. A shekarun da Biktoriya ta hau gado, Babban Gwani Muhammadu Durugu yana ɗaure rufin masallacin Juma'a na Zariya da bakan gizo, azara da ƙasa kawai. A ƙasarmu ta Tawa, Falke Barmu ya fara masallacin Yama a 1962, ya yi ta ƙara masa har ya sami kyautar Aga Khan ta gine-gine a 1986. Duk wanda ya shiga irin waɗannan da azahar ya san sanyin da nake nufi. Masu wannan hannun suna ƙarewa, yaran da ke zuwa wurina neman aiki ba wanda ya iya ɗaurin guga, wato ɗaurin rufin ƙasa irin na gargajiya.

Ga wanda ya nace sai ya kwaikwaya, ga gargaɗi daga wurin aiki. Tagar arewa mai girma irin ta Leighton ba za ta yi maka yadda ta yi masa ba duk shekara, don mu daga ƙarshen Afrilu zuwa tsakiyar Agusta rana ta arewa da mu take bi, sai ka sa mata ɗan rufi a sama. Kwarmin ruwa a ɗaki in ba famfon da ke juya shi kullum, gidan sauro ka gina, kuma da damina laima za ta ƙaru, gara a iya rufe shi. Ragar katako tana son mai sharewa, ƙurar hunturu za ta cika kowane rami cikin mako guda, gara ma tana jiranta in itacen ba mai tauri ba ne. Na fi ba da shawarar a yi ragar da bulo mai huda ko ƙarfe, maƙeranmu sun iya. Ayoyi kuwa, in za a sa su a bango, a zaɓi ɗakin da ya dace da su, kuma a kira malami ya tsaya a kan mai ɗora karon har ya gama, don karo ɗaya ya juye harafi ya tafi.